Auren da Aka Ɗaura wa Lauratu a Kaset

"Matar wa? Baffa, matar wa aka ce? A maimaita in ji da kunnena!"

"Ke Laure, rage murya. Akwai mutane a bakin hanya."

"Su ji mana! Me ya rage ba su gani ba? Ba jiya suka taru suka kalle ni a talabijin ba?"

Lauratu ce tsaye a tsakiyar zauren baffanta, Baffa Tsoho, a Unguwar Hajji, hannuwanta duk man gyaɗa, don daga bakin turmin ƙuli-ƙuli aka kirawo ta. A kan buzu Malam Isyaku ne, limamin unguwa, yana jan carbi yana kallon ƙasa kamar wanda allura ta ɓace wa. Can bakin ƙofa kuma Malam Abdulsalami ne, magatakarda a ofishin hakimi, mutumin da za a ɗaura masa aure da Lauratu ranar Juma'a. Ran nan kuwa Litinin ce. Tun da ya shigo bai yarda sun haɗa ido ba, sai gyara birukan aljihunsa yake yi, guda uku, kamar wani ya ce sun karkace.

Malam Isyaku ya yi gyaran murya. "'Yar nan, ba don in ɓata miki rai na faɗa ba. Abin da idona ya gani ne. Akwai waliyyi, akwai shaidu, an ba da sadaki, an ce an bayar, an ce an karɓa. Ke matar Ɗantala ce, telan nan na Rogo, yau shekara biyu ke nan da 'yan kwanaki."

"Allah gafarta Malam, wasa ne fa. Fim ne!"

"Abu uku ba su san wasa ba: aure da saki da kome, watau mayar da matar da aka saka. Ko ana dariya aka furta su, sun zauna."

"To wa ya ɗaura?"

Malam ya ja carbi ɗaya, ya ja biyu. "Ni ne."

"Wa ya bayar da ni?"

Sai tari ya kama Baffa Tsoho, irin tarin nan da ba ya zuwa sai an yi masa tambaya.

Ga yadda abin ya samo asali. A kakar alif ɗari tara da casa'in da huɗu, an gama roron gyaɗa ke nan, wasu samari suka sauka a Karaye daga Kano da wata kyamara mai girman ɗan akuya. Lokacin fim ɗin Hausa sabon abu ne, rabin garin ma sun ɗauka masu allurar rigakafi ne. Shugabansu wani siririn yaro ne, Alhassan, wanda ya ce kada kowa ya kira shi da sunansa sai dai Darakta. Yarinyar da suka taho da ita don ta fito a amarya, tun a tasha yayanta ya biyo ta ya sa ta a mota ya mayar gida. Suna cikin wannan damuwa ne Darakta ya zo sayen ƙuli-ƙulin da za su sha gari da shi, ya tarar da Lauratu tana wanke wani mai ciniki tas, har mutumin ya manta da takalminsa. Darakta ya tsaya ya saurara har ta dire, sannan ya ce ya samu abin da yake nema.

Lauratu bazawara ce, mijinta ya rasu tun tuni, ta dawo gidan baffanta tana suyar gyaɗa tana matsar mai daga safe har rana ta yi sanyi. Babu mai hana ta sai Baffa, shi kuwa Baffa da ya ji za a yi wasan a gidansa kuma za a bar masa tunkiya, sai ya ce ai ilmantarwa ce.

Angon kuwa Ɗantala ne. Shi ya ɗinka musu kayan wasan a shagonsa na Rogo, kuma babbar rigar angon ba ta zauna wa kowa ba sai shi. Masu tsegumi sun ce da gangan ya gwada ta a jikinsa. Dogo ne, da gashin baki, da murya kamar ana buga ganga a cikin rijiya.

Labarin fim ɗin ba wani dogo ba ne. Manomi ya auri mace, aka kai masa ƙarya a kanta, ya sake ta, ya dawo yana cizon yatsa. To amma su 'yan fim ba sa bin labari daga kai zuwa ƙafa yadda masu hankali suke yi. Abin da ya yi musu sauƙi shi suke fara ɗauka, daga baya su harhaɗa a Kano. Saki ba ya son jama'a, mutum biyu ne da ɗaki, saboda haka ranar Talata suka yi shi. Lauratu ta kawo ruwa a ƙwarya, ƙwarya ta suɓuce, ta durƙusa tana kuka, Ɗantala ya daka tsawa ya sake ta. Darakta ya so a ce ango ya fita ya banko ƙofa, sai dai gidan Baffa ba ƙofa lokacin, asabari ne kawai. Dole Ɗantala ya fizgi asabari, wani kuma ya yar da faranti a bayan katanga don a samu ƙara.

Ɗaurin aure kuwa yana son taro, sai suka bari sai Juma'a, a kwashi masu fitowa daga masallaci kyauta. Darakta ya ce ba ya son ƙarya ta fito a fuska, don haka limami na gaske za a sa, waliyyi ma na gaske. An raɗa wa Lauratu suna Zaituna a wasan, amma sau shida ana ɗauka, sau shida Baffa yana cewa "Na ba da 'yata Lauratu." Shi kuma Malam Isyaku ya ce tsakaninsa da Allah ba zai karanta Fatiha a kan sunan da babu mai shi ba. Batir na neman ƙarewa, rana na tafiya, Darakta ya dafe kai ya ce to kowa ya zauna da sunansa. Aka jawo tunkiyar da aka sayo a ƙauyen Turawa aka ce ita ce sadaki, don labarin na mutanen da ne. Baffa ya karɓi igiya a gaban jama'a. Ɗantala ya ce ya karɓi aure, da muryar nan tasa. Aka shafa, aka raba goro na gaske, mutane suka ci na gaske.

Washegari samari suka koma Kano da alkawarin za su dawo a yi kashi na biyu. Har yau suna hanya.

Shekara biyu babu labari. A cikinsu tunkiya ta haihu sau biyu, Baffa ya sayar da ɗan rago ɗaya ya sa wa zaure ƙofar kwano mai sakata. A cikinsu ne kuma Malam Abdulsalami ya fara yawan sayen man gyaɗa, alhali shi kaɗai ne a gidansa tun rasuwar matarsa, har kwalabe suka cika masa ƙarƙashin gado. Ba kyakkyawa ba ne, kuma in yana magana kamar yana karanta takardar sammaci, amma shi ne mutum na farko da ya taɓa kallon tafin hannun Lauratu ya ce, "Wannan hannu ya isa hutu." Tun daga ranar ta fara lissafin kwanakin da suka rage mata a bakin turmi.

Da ba don alfahari ba da an sha biki lafiya. Malam Abdulsalami ya kai takardu Kano, ya ci karo da kaset ɗin a wata rumfa, ya sayo. Maimakon ya sa a aljihu ya yi shiru, sai ya ɗauko hayar bidiyo da janareta, ranar Lahadi bayan la'asar ya tara unguwa a ƙofar gidansa a ga amaryarsa. Har da aika wa Malam Isyaku kujera ta gaba, tunda shi ma ya fito. Minti goma sha ɗaya Lauratu ta yi a fim ɗin gaba ɗaya, Malam Abdulsalami ne ya auna da agogo. Da aka jero sunaye a ƙarshe kuwa ita tana cikin "da sauransu." Duk da haka mata sun yi guɗa. Malam Isyaku ne kaɗai bai yi dariya ba. Da aka zo wurin ɗaurin aure ya ce, "A mayar baya." Aka mayar. Ya ce a sake. A na uku aka ga yana lanƙwasa yatsu ɗaya bayan ɗaya, ya tashi ya tafi ko sallama babu.

To shi ne abin da ya tara su a zaure ran Litinin.

Lauratu ta goge hannu a zani, sai wani abu ya faɗo mata. "Tsaya! Allah gafarta Malam, ka ce saki ma ba ya wasa?"

"Haka ne."

"To ai ya sake ni! Kowa ya gani. Har kuka na yi, har asabari ya tsinke."

Fuskar Malam ta washe. Baffa ya ce alhamdulillahi da ƙarfi. Da an tashi a nan, da shi ke nan. Amma Malam Abdulsalami mutum ne da in ya ga kuskure a kwanan wata, ko a kan kabarinsa aka rubuta sai ya tashi ya gyara. Ya zaro wani ɗan littafi daga aljihu.

"Allah gafarta Malam, akwai ɗan gyara. Ni ofis ya turo in riƙa lura da su, kuma na rubuta komai. Talata, sha biyar ga wata, saki, a ɗakin Malam Tsoho. Juma'a, sha takwas ga wata, ɗaurin aure." Ya rufe littafin. "Sakin ya riga auren da kwana uku."

Lauratu ta juya ta dube shi, irin kallon da ake yi wa kazar da ta shiga cikin shanya. "Malam, kai a wane ɓangare kake?"

"Ɓangaren gaskiya, Lauratu. Abu ne a rubuce."

"Da ka bar shi a aljihu, cizonka zai yi?"

Malam Isyaku ya girgiza kai. "Ba a sakin matar da ba a aura ba. Na Talata ya tafi a iska, na Juma'a ya zauna. Amma da sauƙi. Tunda ba ta tare ba, in ya sake ta yau, babu idda a kanta, ko gobe a ɗaura wani. A je a same shi."

Malam Abdulsalami ya ƙara da ƙaramar murya cewa a yi ƙoƙari kafin Juma'a. Yayarsa Hajiya Baraka da ma da ƙyar ta yarda da 'yar fim, ta kuma rantse in aka ɗaga ranar ko da kwana ɗaya ne, maganar ta mutu. Kuma shi ba zai iya raka Lauratu Rogo ba, don bai dace ma'aikacin hakimi ya shiga mota ɗaya da matar wani ba.

"Matar wani," in ji Lauratu. "Allah ya ba ka lada."

Talata da hantsi ita da Baffa suka sauka a Rogo. Shagon Ɗantala ba ya ɓata, don a bakin ƙofa ya kafa hotonsa sanye da babbar rigar nan, hoton har ya koɗe. Yana kan keke yana ɗinkin wando, 'yan zaman shago uku suna taya shi hira. Shekararsa arba'in da wani abu bai taɓa aure ba, duk Rogo Tuzuru ake ce masa, har yara. Bayan an gaisa, an tambayi gida da gajiya da amfanin gona, Baffa ya zayyana masa abin da Malam ya ce.

Ƙafar Ɗantala ta tsaya cak a kan keke. "Baba, kana nufin ina da iyali?"

"Wai haka Malam ya ce. Shi ne muka zo ka ɗan rubuta..."

"Shekara biyu?" Ya miƙe tsaye, kansa ya kusa taɓa rufi. "Kun ji ko? Kai Sulle, ka ji? Shekara biyu ina magidanci kuna ce mini Tuzuru! Ranar sunan ɗanka a tabarmar samari ka zaunar da ni!"

Lauratu ta sassauta murya. "Malam Ɗantala, don Allah layi ɗaya ne. Ga takarda, ga biro. Gata, ranar Juma'a, za a ɗaura mini aure."

"A kan aurena? Subhanallahi. Uwargida, me kika yi mini da zan sake ki? Shekara biyu ko musu ba mu taɓa yi ba. Ki zagaya Rogo kaf ki nemo mini gidan da aka yi wannan zaman lafiya."

'Yan zaman shago suka ce wallahi babu.

Ta roƙa, ta yi faɗa, ta ce ko ruwan sha bai taɓa ba ta ba. Ya ce laifin jahilci ne, yanzu da ya sani zai gyara, nan take ya aika aka sayo mata lemo. Baffa kuwa tunda ya ji ba a ambaci tunkiya ba, sai ya sha nasa lemon hankali kwance. Daga nan Ɗantala ya shiga labarin fim, don ba a yin minti goma da shi bai kai can ba. Shi ma ya ga kaset ɗin. Ya ce an cuce shi. Wurin da ya fi ƙwarewa, wurin da ya daka tsawar nan, daidai nan wani jaki ya ɓarke da kuka a bayan gida, ya rufe maganar ruf. Ana ganin bakinsa na motsi, jaki ake ji.

"Kwana huɗu ina haddar wurin nan," ya ce, idonsa har ya kawo ruwa. "Babu wanda ya ji ni a duniya. Yara in sun gan ni sai su yi kukan jaki."

Ya rako su tasha da kansa, ya ce ranar Alhamis zai zo Karaye ya gaida surukai, a sa ranar tarewa.

Laraba Lauratu ta wuni a bakin turmi. Mata suna shigowa sayen mai, kowacce da tata: wata ta ce Allah ya sa alheri, wata ta ce ai tela ma miji ne, ko ba komai ba za ta rasa ɗinkin salla ba. Malam Abdulsalami ya wuce ta ƙofar gida sau biyu a kan kekensa, bai tsaya ba, sai dai ya buga ƙararrawa kaɗan. Tana murza gyaɗa tana jin muryar Ɗantala a kunnenta, babu wanda ya ji ni a duniya. Can wajen azahar ta saki muciya. Ta shiga ɗaki ta buɗe adaka, ta tono zanin da ta ɗaura a fim, mai ruwan ganye, ta shanya shi ya sha iska. Ta leƙa ta ce wa Baffa a gaya wa Malam Isyaku lallai ya zo gobe, a kuma bar ƙofar zaure a buɗe, duk mai son kallo ya kalla.

Alhamis da hantsi Ɗantala ya iso cikin babbar rigar nan, ta sha guga, da ƙullin goro a hannu. Kafin ya zauna bakin zaure ya cika, har kan katanga. Malam Isyaku na kan buzunsa. Malam Abdulsalami ya rakuɓe a lungu, ya ce shi a matsayin ofis ya zo.

Aka gaisa, aka sake gaisawa. Sai ga Lauratu ta fito daga cikin gida, zani mai ruwan ganye, mayafi a ka, ƙwaryar ruwa a hannu biyu, tana tafiya a hankali kamar amaryar jiya. Wata mata a waje ta ce, "Lah, kayan fim ɗin ne!" Ɗantala ya gyara zama, ya shafa gashin baki.

Ta tsaya a gaban Baffa, ta yi magana kamar raɗa, amma irin raɗar da ake ji a bayan katanga. "Baffa, kafin in bi shi ina so in san gaskiya. Wai da gaske ne abin da ake faɗa a gari, cewa Darakta da gangan ya sa kukan jakin nan? Wai muryar maigida ce ta shaƙe, ya kasa faɗar maganar, shi ne aka rufa masa asiri?"

Baffa ya buɗe baki, don shi bai taɓa jin wannan magana ba. Babu ma wanda ya taɓa jin ta, a bakin turmi aka haife ta jiya. Amma kun san mutanenmu, nan take mutum biyar a waje suka ce su ma sun ji haka.

"Ni?" Ɗantala ya miƙe. "Muryata ta shaƙe? Ni Ɗantala?"

"Ni dai ban sani ba, na manta," in ji Lauratu. "An daɗe."

Ta matso ta miƙa masa ruwan. Hannunsa bai kai ba ƙwarya ta suɓuce, ta fashe a ƙasa, ruwa ya fantsama a bakin rigar. Lauratu ta zube a gwiwa, daidai yadda ta yi shekara biyu da suka wuce, ta ɗago kai, hawaye shar-shar. A wancan karon albasa Darakta ya murza mata a mayafi. Yau ba ta nemi albasa ba. Turmi kawai ta tuna, da hayaƙin suya, da gobe Juma'a.

"Maigida," ta ce, muryarta na karkarwa, "ashe za ka yarda da maganar mutane a kaina?"

Zaure ya yi tsit. Babu janareta, babu jaki, ga jama'a fiye da ta ranar kasuwa, duk ido a kansa. Ɗantala ya dube su. Aka ga ƙirjinsa ya cika, ya yarfa hannun riga a kafaɗa, ya ja da baya taku biyu, ya nuna ta da yatsa. Kwana huɗu ya yi yana hadda, shekara biyu abin na maƙale a wuyansa.

"Tashi ki bar mini gida!" Kwanon rufi sai da ya amsa. "Na gaji da ganin fuskarki! Lauratu, na sake ki! Na ce na sake ki!"

Jama'a suka ɗauki tafi da sowa. Ɗantala ya tsaya a yadda yake, yatsa a miƙe, yana huci, fuskarsa kamar an ba shi sarauta.

Malam Isyaku ya ajiye carbi. Ya lanƙwasa yatsa ɗaya. "Ya ambaci sunanta." Ya lanƙwasa na biyu. "Ya furta, a gaban shaidu." Ya juya lungu. "Malam Abdulsalami, yau wace rana?"

"Alhamis, Allah gafarta Malam." Biro har ya riga ya fito. "Bayan auren ne. Da shekara biyu da kwana..."

"Ya isa. Saki ya auku."

Yatsan Ɗantala ya sauko a hankali. "A'a, Malam. Wannan ai fim ne. Nuna musu nake yi."

"Wancan ma fim ne, ɗana."

"To na mayar da ita! Kowa ya shaida, na mayar da matata!"

"Wadda ba ta tare ba, ba a mayar da ita. Sai dai ka sake nema daga farko, in ta yarda."

Duk aka juya ga Lauratu. Ta riga ta miƙe, tana tsince ɓallin ƙwarya, fuskarta a bushe kamar ba ita ba. "Na gode, Malam Ɗantala," ta ce. "Zaman lafiyar da muka yi, Allah ya ba da lada."

Malam ya ce saura magana ɗaya: tunda ba a tare ba, rabin sadaki na miji ne, rabi na mata, watau tunkiya da abin da ta haifa. Baffa ya zabura ya ce wace tunkiya, ai tasa ladan aron gida ce. Malam ya ce shi dai a kaset sadaki ya ji an ce, in ana so a mayar baya. Tarin nan ya sake kama Baffa.

Ana cikin hayaniya Malam Abdulsalami ya matso kusa da Lauratu, karo na farko tun Lahadi. Ya daɗe yana kallon idonta.

"Lauratu, wannan hawayen. Haka kawai kike kiransu su zo?"

"Me ya faru, Malam?"

"Ranar da na ce ina so, kin yi irinsu. To shi ne nake cewa, na ran nan ɗin..."

"Ka duba littafinka mana, ai ka rubuta." Ta gyara mayafi. "Gobe Juma'a. Ga goro nan an kawo har gida, ka yi ciniki da mai shi kafin ya tafi."

Wannan shi ne wasa na biyu kuma na ƙarshe da Lauratu ta yi a rayuwarta, shi ne kuma wanda ya fi kyau, ga shi babu kyamara ko ɗaya a Karaye ranar.

Ɗantala ya tsaya a tsakiyar zaure, bakin rigarsa a jiƙe, ya shigo magidanci zai fita Tuzuru. Ya sunkuya ya ɗauki ƙullin goronsa, ya ce ba na sayarwa ba ne. Ya ce su riƙe tunkiyarsu, shi ba mayunwaci ba ne. Jama'a suka dare suka ba shi hanya. Har ya sa ƙafa a waje sai ya juyo, murya ƙasa-ƙasa.

"Amma dai an ji ni ko?"

Wata tsohuwa daga kan dakali ta ce, "An ji ka har bakin kasuwa, ɗan nan. Jaki ma bai isa ba."

Ya gyaɗa kai. Hannunsa ya kai inda asabari yake a da, sai ya ji ƙarfe. Ya dubi ƙofar kwanon Baffa sama da ƙasa, ya kama ta da hannu biyu, ya fita, ya banko ta da ƙarfin da sai da sakata ta yi tsalle ta faɗa cikin ruwan ƙwarya.